Mazin, Ba Ajuji Ba

Ranar wata Lahadi da hantsi, a farkon damunar shekarar da na shiga aji uku na firamare, na fito da kaskon toka a kaina zan zubar a juji bayan gidanmu, sai na tarar da ƙanina kwance a kan jujin. Jariri ne sabon haihuwa, jiya-jiya aka yanka masa rago, ko ƙaurin suyar nama bai gama barin tsakar gida ba. An shimfiɗa wani tsumman zane a kan ƙaiƙayi da kashin awaki an ajiye shi, yana ta wutsil-wutsil da ƙafafu, kaji na tono a gefensa. Can gindin dalbejiya na hango kakata, mahaifiyar babanmu, wadda muke kira Iya, ta juya baya kamar ba ta san da shi ba. Ban tsaya tambayar kowa ba. Na yi jifa da kaskon ya tarwatse, na suri yaron na ruga cikin gida ina kururuwar an yar mana da jariri. Iya ta biyo ni tana salati tana tafa hannu, tana cewa, “Wannan yarinya ta kashe ni! Wa ya aike ki?”

Sai daga baya na fahimci abin da na ɓata. Tsakanina da wannan jaririn, Innarmu ta haifi maza uku, kuma duk sun koma kafin a yaye su. Na ƙarshensu, Sani, a bayana ya koyi dariya, ni kuma na wanke ɗan kwanonsa na kife bayan an kai shi. A ƙauyenmu da ke wajen Buji, tsofaffi na kiran irin wannan haihuwa wabi, kuma suna da dabararsu. Ana ɗora jaririn a kan juji a juya masa baya, wata tsohuwa daga maƙwabta ta zo ta ɗauke shi kamar tsintuwa ta yi, sannan a laƙaba masa suna marar daɗi, wai don mutuwa ta ga ba wanda ya damu da shi ta wuce. A ranar tsohuwar na laɓe bayan darni tana jiran lokacinta, ni kuwa na riga ta. Tsintuwa dai ta lalace, amma Iya ta ce suna bai lalace ba: daga yau yaro Ajuji ne, kuma duk wanda ya kira ɗayan sunan a gidan nan zai gamu da ita.

Ɗayan sunan kuwa shi ne Mazin. Kawu Habibu, ƙanin Innarmu da ya yi karatun Larabci a Sudan, shi ya zo da shi lokacin da ya zo barka. Ya ce a can sunan ba baƙo ba ne, kuma asalinsa daga kalmar Larabci ne mai nufin gajimaren da ke ɗauke da ruwa. Da yake ranar da aka haifi yaron aka yi ruwan shuka, Baba ya ji abin ya kwanta masa, ya yi masa huɗuba da shi. Ranar raɗin suna sai da maroƙi ya sake tambaya kafin ya yi shela, mutane suka yi ta kallon juna a zaure, har liman ya ce tunda ma'anar mai kyau ce ba laifi, aka shafa fatiha. Ni ina leƙe ta jikin ƙofa na ji bayanin Kawu, kuma tun daga nan sunan ya shiga raina. Duk wanda ya tashi a gidan manoma ya san yadda ake kallon gabas a ƙarshen bazara, an gyara gona, iri na cikin ƙwarya, rumbu ya kusa kai ƙasa, kowa na jiran hadari ya haɗo. Babu abin da mutanen garinmu ke ƙauna kamar wannan gajimaren. Ga shi sunan gajere, mai daɗin faɗa, kuma duk faɗin garin ba mai irinsa. A ajinmu Musa da Ibrahim sun yi yawa har sai an haɗa da dogo da gajere kafin a gane wanda ake nufi. A ce an ba ƙanina suna irin wannan, sannan a musanya masa da sunan wurin zubar da shara? Na rantse a raina ba da ni ba.

Ba ni da mataimaki a gidan. Baba ya san abin camfi ne, ya taɓa faɗa a hankali yana kallon ƙasa, amma ba mutumin da zai ja da mahaifiyarsa ba ne. Innarmu kuwa ba ta kiran ko ɗaya daga cikin sunayen, “yaron nan” kawai take cewa, don tsoro ya riga ya cinye ta. Abu biyu ne kawai a hannuna. Na farko, ni jika ce, kuma a al'adarmu jika na da bakin yi wa kaka tsiya ba a ce ta yi rashin kunya ba. Na biyu, ni ce mai reno. Da na dawo daga makaranta na cire kayan makaranta, sai a ɗora mini shi a baya. Da shi nake zuwa famfo ɗiban ruwa, da shi nake surfe, da shi nake kai wa awaki dusa a turke, da shi nake tsince ƙasa a cikin gero. Duk inda muka je ina kiran sunansa, ina rera shi, ina saka shi a waƙar daka. Da ya fara zama, sai na fito da wata dabara: in na ce Mazin ya waiwayo, sai in lasa masa ɗan garin ƙuli-ƙuli ko in yi masa cakulkuli. In wani ya ce Ajuji, sai in ɗauke masa kai in nuna masa kaza ko ƙadangare. Kafin ya fara tafiya, yaro ya san sunansa sarai, ɗayan kuma ko a jikinsa.

A waje ma ban bar abin ba. Yaran makarantarmu sun sa mini “yayar Ajuji”, suna bina da shi lokacin hutun tara har gindin mangwaron da muke wasa. Na yi dambe a kan wannan ya fi a ƙirga, na sha duka na kuma bayar, har sai da wata malama ta sa ni tsallen kwaɗo a rana. Da na ga faɗa ba zai yi ba, na koma wa wayo. Ni ke da duwatsun carafke mafi sulɓi a unguwarmu, kuma ni ke ba da waƙa in ana gaɗa da yamma. Na kafa doka: duk wadda ba ta ce Mazin ba, ba ta taɓa mini dutse, ba ta shiga layina. A hankali ƙawayena suka bi, ƙannensu suka bi su. A gida kuwa na sha ranƙwashi da muciya. Iya ta ce Ajuji daga ƙofar ɗakinta, ni in ce Mazin daga bakin murhu, ta jefo mini takalmi, in kauce ina dariya. Abu ɗaya ne ban lura da shi ba a lokacin, don ƙuruciya: kowace kaka a garinmu na tsokanar jikanta namiji da “angona” ko “maigidana”, tana neman kuɗin cefane a wurinsa, amma Iya ba ta taɓa yi wa wannan yaron haka ba. Za ta dama masa kunu, ta tofa masa addu'a, amma ba ta yarda ta daɗe tana kallon fuskarsa.

Ana dab da yaye shi ƙyanda ta shigo gari, ta kama shi. Jikinsa ya yi zafi kamar garwashi, idanu suka rufe, ya daina karɓar nono. Daidai shekarun da sauran suka tafi ke nan, kuma kowa a gidan ya san haka ko da ba wanda ya furta. Ina tsugune a bakin ƙofa Iya ta fito daga ɗakin da yake kwance, ta dube ni, ba faɗa ba tsawa, ta ce, “Kin yi ta shelarsa har an ji.” Wallahi da ta zane ni da bulala ya fi mini sauƙi. Na koma bayan rumbu na yi kuka har na shiɗe, ina tunanin ko da gaske ni na nuna wa mutuwa hanya. Baba ya samo motar haya za a kai shi asibitin Jahun. Innarmu ta goya shi, ta zo wucewa ta gabana, na riƙe gefen mayafinta na tambaye ta ko in daina kiran sunan. Ta tsaya, ta waiga ta ga ba kowa kusa, ta ce da ni ƙasa-ƙasa, “Kada ki daina. Ni ba zan iya ba, amma ina jin daɗi in kin kira.” Na share hawaye, na bi motar da gudu har bakin hanya ina ƙwala masa kira da iya ƙarfina, duk garin yana ji. Na ce in ma tafiya zai yi, to da sunansa zai tafi.

Bai tafi ba. Ya dawo a rame, fata duk ta yi dabbare-dabbare, amma yana neman abinci. Iya ta ce albarkar sunan Ajuji ce, ni na ce Allah ne da allurar likita, muka ci gaba daga inda muka tsaya.

Damunar da ta biyo baya, lokacin da gero ya fi mutum tsawo ya fara fitar da kai, muka je gonar bayan gari mu uku, ni da Iya da shi, tsinkar tafasa da rama. Ta ɗaura mini damin ciyawa ta ce in kai wa awaki in dawo. Ina kan hanyar dawowa hadari ya taso daga gabas baƙi ƙirin, iska ta fara kwantar da gero. Tun daga nesa na jiyo muryarta tana kiran “Ajuji! Ajuji!”, kuma daga yadda muryar ke rawa na san ba lafiya. Ta sunkuya tsinkar ganye, yaro ya bi fara ya shige cikin gero, ga shi a ƙarshen gonar akwai kududdufin da ake haƙar ƙasar gini, ya cika maƙil da ruwa. Na zuba da gudu ina kira ni ma, amma iska na tahowa ta fuskata tana mayar mini da muryata baya. Iya ta yi ta kiran Ajuji, shiru. Yaron da ni da kaina na koya wa kada ya waiwaya in an ce haka, ina zai amsa? Sai kiran ya tsaya. Na ɗan lokaci ba abin da nake ji sai kukan iska a cikin kara. Daga nan na ji wata irin murya da ban taɓa jin Iya da ita ba, ta fasa gonar gaba ɗaya: “Mazinu! Mazinu!” Can daga ɓangaren kududdufin wata 'yar siririyar murya ta ce, “Na'am.”

Ko da na iso, ta riga ta cafke shi a bakin ruwan, ƙafafunsa duk taɓo, da fararsa a hannu. Ta ɗaure shi a baya tamau, muka taho gida ruwa na dukanmu. Sai da muka shiga zaure ta sauke shi, ta riƙe fuskarsa da hannu biyu ta dube shi, ta daɗe tana kallo, irin kallon da ta hana kanta tun ranar da aka haife shi. Sannan ta harare ni ta ce ni na koya masa taurin kai. Ta juya wurinsa tana goge masa ruwa da bakin zanenta, ta ce, “To angona, Mazinu, haka ake yi? Ka tafi ka bar amarya a gona?” Innarmu na tsaye a bakin madafa da ludayi a hannu, ta juya ta shige ciki, na ji tana jan hanci. Daga ranar ban sake jin Ajuji a bakin kowa ba a gidanmu.

Yau ina koyarwa a wata firamare a Dutse, kuma ajina cike yake da sunayen da kakanninmu ba su taɓa ji ba. Iyaye na zaɓo su a waya tun ciki bai tsufa ba, a buga a jikin leda da kofuna a raba ranar suna, ba mai tsoron kowa ya ji. Ina murna da haka, don ba na fatan wata uwa ta sake kallon ɗanta a kan juji. Mazin ya girma, yana jami'a a nan garin, in ya samu hutu ya hau ɗan sahu ya zo ya cinye mini tuwo. Mutane kan tambaye shi ma'anar sunansa, ya gaya musu, su ce kai, ya yi daɗi. Iya kuwa ta daɗe da rasuwa, an sare dalbejiyar, inda jujin yake an yi shago. A da ina ganin ni na ci ta da yaƙi. Sai da na haifi nawa na kwana da zazzaɓinsu na gane cewa matar nan jikoki uku ta sa a likkafani, kuma duk abin da ta yi, ɓoye na huɗun take yi da iyakar abin da ta sani. Har gobe in hadari ya haɗo ta bayan duwatsun Dutse, nakan bar abin da nake yi in fito in tsaya, ina jin muryarta a cikin iskar. Ni na fi kowa kiran sunan nan, amma ba wanda ya taɓa kiransa kamar Iya.