Godiyar Tuwo

Akwai lokacin da muka haɗa gida da wata 'yar Japan a Takoma Park, can ƙasar waje. Ita tana karatun jami'a a College Park, ni ina aikin jinya. Ba mu cika hira ba. Ba faɗa muka yi ba, kowa dai da abin da ya dame shi. Ni a tsaye nake cin abinci a kicin, kamar wadda za a kama. Ita kuwa ko shinkafa loma uku ce sai ta zauna, ta haɗa tafin hannu, ta ce "itadakimasu". In ta gama ta sunkuyar da kai ta ce "gocisosama".

Gaskiya abin haushi yake ba ni. Rannan na kasa haƙuri na ce, "Wai ke da wa kike magana? Ke kika dafa, ke kika ci!"

Ta ce kalmar farkon tana nufin "na karɓa". Ta biyun kuma godiya ce ga duk wanda ya sha wahala kafin abincin ya zo gabanka, manomi ne, masunci ne, har kifin kansa. Amma ita in ta faɗa, mahaifiyarta take gani.

Na ce to madalla, na shige ɗaki. Sai maganar ta ƙi barina. Na tuna Mama a Kafanchan tana tuƙa tuwon gida guda, hayaƙi na sa ta hawaye. Mu kuwa mu yi addu'a, mu cinye, mu ture kwano, sai wasa. Na rasa rana ɗaya da na ce mata na gode. Ga shi ta tsufa, hawan jini ya kwantar da ita har sau biyu, ni kuma takardun zamana a ƙasar nan ba su bar ni na je gida ba. Tsoro ya kama ni kada ta tafi ban faɗa ba.

Ran Lahadi da aka tashi coci na kira ta daga cikin mota. Muka gaisa, na ce, "Mama, godiya na kira in yi. Duk tuwon da kika tuƙa mana, da miyar karkashin nan taki, na gode."

Sai ta ce, "Lafiya kuwa? Faɗa mini gaskiya, ba ki da lafiya ne?"

Na ce lafiyata ƙalau.

"To yunwa kike ji a can?"

Na yi dariya, na ba ta labarin 'yar Japan tiryan-tiryan.

Ta ce, "Ikon Allah. To, nasu ke nan. Mu nan baƙo ke godiyar tuwo. 'Yar gida ci take ta wanke kwano." Sai muryarta ta yi ƙasa. "Ko dai kin zama baƙuwa ne?"

Shekara shida ke nan ban wanke mata kwano ko ɗaya ba.