Haɗin Goggo a Fuskata

A shekarun da hatsi ya yi tsada har gidanmu aka koma tuwo sau ɗaya a yini, a lokacin kuraje suka ga damar sauka a fuskata. Da suka tashi tafiya kuma suka bar mini baƙaƙen tabo a kumatu da goshi. Ina budurwa, ga ƙawaye masu baki. Har wata ta ce na koma ƙwan zabuwa.

Goggo, ƙanwar babanmu, tana aure a ƙauyen da ke gaba da namu, wajen Minjibir. Ta fara sana'ar haɗa man shafawa: a sayo mata mayuka daga Kano, ta matse su a kwano, ta cakuɗa da basilin, ta ɗura a gwangwanaye. Ranar da ta zo gidanmu ta kama haɓata ta juya fuskar.

"Haba 'yata, ina raye za ki zauna da wannan? Ungo, ki riƙa shafawa safe da yamma."

Na ji daɗi har da hawaye. Kuma da farko abin ya yi aiki, tabon ya dusashe, na yi haske. Goggo takan aiko a kira ni, ta ja ni tsakar gida ta ƙare mini kallo, ta tambaya ko yana zafi, ko yana ƙaiƙayi. Ni sakarya na ɗauka ƙauna ce.

Da kaka ta yi, muka shiga ƙwadagon tsinkar gyaɗa, don da shi ake cefane a gidanmu. Yini guda a rana. Fuskar ta soma raɗaɗi, ta yi jajawur, ta sale, sannan ta ƙone baƙi ƙirin a kan ƙasusuwan kumatu, baƙin ya fi tabon farko faɗi da muni.

Na tafi wurin Goggo da mayafi a fuska. Ina cikin zaure na ji tana ce wa wata mai saye, "Na farkon ya yi ƙarfi, na gani a fuskar 'yar yayana. Wannan na sassauta shi."

Na shiga. 'Yarta, sa'ata, mai irin tabona, tana zaune tana tsince shinkafa. Ita man kaɗanya kawai ake shafa mata.

"Goggo, ita me ya sa ba ki ba ta ba?"

Ba ta ko sunkuyar da kai ba. "Ai ba a shiga rana da shi. Da kin zauna a inuwa da ba haka ba."

Daga baya malamar asibiti ta ce in daina shafa man, in riƙa kare fuskata daga rana, in yi haƙuri. Sai da aka yi shekaru kafin baƙin ya ragu. Haushin kam bai ragu ba. Goggo ba ta taɓa gaya mini zancen rana ba, kuma ta san inda nake yini, domin gyaɗar da nake tsinka ta mijinta ce.