Faifan da Uwata Ta Bari

Shekara ashirin da bakwai Injiniya ya yi yana gyaran kwamfuta a shago ɗaya, tsakanin tela da mai sayar da tabarau. Ba injiniya ba ne, ko sakandare bai gama ba. Da gyaran rediyo ya fara, da kwamfuta ta shigo gari ya bi ta da sukudireba har ya gane kanta. Mutane suka laƙaba masa sunan, shi kuma bai musa ba. Shagon ɗaki ɗaya ne, da dogon tebur, da gwangwanayen madara cike da ƙananan notuna, da matattun kwamfutoci jibge har kusa da rufi. Duk wanda ya shigo da ƙorafi, kafin Injiniya ya taɓa komai sai ya ce masa, "Kashe ka kunna." Tela yakan ce ko ciwon haƙori ka kai masa, maganin da zai ba ka ke nan.

Iri ɗaya ne ba ya taɓawa: siraran kwamfutocin nan masu tsada na wani kamfani da ya yi nasa tsarin daban. Notunansu daban, babbar manhajar da ke tafiyar da su daban. In an kawo masa sai ya ce kayan 'yan gayu ne, a kai wa 'yan gayu. Gaskiyar magana ita ce bai san kansu ba, kuma kunya yake ji a ga yana lalube a gaban mai kaya bayan furfura ta fito masa.

'Ya'yansa huɗu, mace ɗaya ce, sunan mahaifiyarsa ta ci, shi ya sa yake kiranta Uwata. A ƙarƙashin teburin nan ta yi rarrafe. Da ta girma ta samu aiki a wata maɗaba'a tana tsara bangon littattafai, ta yi aure da wani malamin makaranta, ta haifi 'ya mace. Ranar da ta sayi irin kwamfutar da ubanta ya ƙi, har shago ta kawo ta don tsokana. Ya ce ta ci amanar gida, ta ce ai shi ya koya mata son abu mai kyau.

Bayan shekara biyu ta sake kawo ta, wannan karon ba da wasa ba. Tana ɗaukar zafi kamar dutsen guga, tana mutuwa da kanta ana cikin aiki. Akwai mutum uku zaune a benci suna jira.

"Baba, ko buɗewa ka yi ka hura mata iska," in ji ta.

Ya dubi mutanen, ya ce ta mayar wa waɗanda suka sayar mata. Aka yi dariya, ita ma ta yi. Da za ta tafi ya jawo aljihun tebur ya miƙa mata faifan ajiya na waje, ya ce ta kwashe kayanta ta zuba a ciki kafin abin gayun nata ya ba ta kunya.

Wata uku bayan nan ciwon ƙoda ya kwantar da ita. Aka yi wata bakwai ana zirga-zirgar asibiti. Ta rasu ranar wata Talata da hantsi, 'yarta na da shekara uku.

Injiniya ya koma shago bayan sati biyu, don zaman gida ya fi ƙarfinsa. Wata safiya surukinsa ya shigo da jaka a kafaɗa, ya durƙusa ya gaishe shi, ya fito da kwamfutar da faifan ya ajiye. Sannan ya faɗa masa cewa a watanninta na ƙarshe, in ta ɗan samu ƙarfi, takan tura ƙofa ta zauna gaban kwamfutar tana ɗaukar kanta a bidiyo tana yi wa yarinyar magana, don ta gani in ta girma. Kwana goma kafin rasuwarta kwamfutar ta mutu murus. Ya kai wa masana irinta, suka ce allon cikinta ya ƙone, ma'ajiyarta kuma manne take da allon, babu yadda za a ciro komai. Saura faifan. Shi kuwa kwamfutar makarantarsu ta ƙi karanta shi, sai an samu tsarin wancan kamfani.

"Ba na so baƙo ya ga kayanta, Baba. Shi ya sa na kawo maka."

Da ya tafi, Injiniya ya aro sukudireban da ya dace a wurin mai gyaran waya, ya buɗe kwamfutar. Fankar cikinta ta toshe da ƙura da zaren tufafi, sun dunƙule kamar auduga. Aikin minti biyar ne da burushi. Ya zauna da murfin a hannu har tela ya leƙo ya tambaye shi ko lafiya. Ya ce lafiya.

Aron kwamfutar wani yana nufin zuba duk sirrin 'yarsa a cikin kayan mutane, ya ƙi. Akwai wata hanya da ya sani. Ana iya gina kwamfuta ta kwaikwayo a cikin ta gaske, a yanka mata rabonta na ƙwaƙwalwa da wurin ajiya, ta buɗe a taga ɗaya kamar ita kaɗai ce, a sa mata manhajar da aka ga dama. Ya taɓa yin haka don tayar da tsohuwar manhaja ga wani mai tsohuwar firinta. Amma wancan kamfani bai yi manhajarsa don ta hau injin kowa ba, kuma ta nuna masa hakan.

Kwana tara ya yi. Ya rataye kwali a ƙofa cewa ba a karɓar aiki, ya zauna gaban babbar kwamfutar shagon da tabarau a kan hanci, yana bin bayanan da mutane suka rubuta a intanet, kalma kalma. Ranar farko ko motsi ba ta yi ba, sai da ya shiga saitin injin ya kunna abin da ke ba da damar kwaikwayon. Ta tashi, tambarin kamfanin ya fito, layin da ke ƙasansa ya tafi rabi ya tsaya cak. Ya goge ya sake. Ya ciro ram, wato ƙwaƙwalwar aiki, daga matattun kwamfutoci biyu ya ƙara mata. Ta wuce rabi, ta watso rubutu fari a kan baƙi, ta koma farko. Haka ta yi ta yi. Tela yana kawo masa shayi, ya dawo ya tarar da shi ya huce. Matarsa ta tambaye shi me ke hana shi cin abinci, ya ce wani aiki ne mai taurin kai.

A rana ta tara da azahar manhajar ta buɗe. Tana tafiya kamar mai ciwon ƙafa, in ya motsa linzami sai kibiyar ta yi tunani kafin ta biyo. Ya jona faifan, ya nuna wa kwamfutar cikin tagar cewa nata ne, ta gane shi. Dawo da kayan ya ci wuni guda. Washegari hoton Uwata ya fito a ɗan da'ira, da gurbin kalmar sirri a ƙasa.

Ya gwada sunan yarinyar, ya gwada ranar auren Uwata. Ya kira surukinsa, shi ma bai sani ba. A kuskure na uku manhajar ta fito da 'yar tunatarwar da mai kaya ta rubuta wa kanta: maganin Baba.

Ya cire tabarau ya goge, ya mayar. Da yatsa ɗaya ya rubuta kashe ka kunna, a haɗe. Ta buɗe.

Komai na nan yadda ta bar shi, bangon littafin da ba ta gama ba, jerin cefane, hotuna barkatai. Ya shiga neman bidiyon. Ya duba folda bayan folda, ya sa manhajar ta nemo duk wani abu mai motsi. Daga baya ya dubi kwanan watan ajiyar. Sau ɗaya tak ta zuba kayanta a faifan, washegarin ranar da ya ba ta shi. Lokacin ko ciwon bai fara ba. Duk abin da ta faɗa wa 'yarta yana cikin allon da ya ƙone.

Da kansa ya je makarantar surukin ya jira shi a bakin ƙofa har aka tashi. Ya faɗa masa, har da maganar fankar, bai rage komai ba. Malamin ya sunkuyar da kai, ya ce shi ma wata bakwai yana kwana ɗaki ɗaya da faifan, bai taɓa tunanin jona shi ba. Suka tsaya gefen titi, yara na wucewa suna gaishe su.

Akwai dai wani tsohon bidiyo na minti huɗu, tana yi wa jaririyar wanka a roba. Ranar Asabar matarsa ta zo shagon, rabonta da wurin shekaru, da surukin da jikar. Injiniya ya kunna. Ga Uwata da ƙibarta ta da, hannu duk kumfa, bakinta na motsi tana dariya, amma babu sauti. Kwamfutar kwaikwayon ba ta iya kama sifikar shagon ba, shi kuma bai lura ba, don bai iya kallon bidiyon shi kaɗai ba.

"Malam, me take cewa?" in ji matarsa. "Ka ƙara murya mana."

Ya kwafo fayil ɗin daga cikin tagar zuwa kwamfutar waje, ya sake kunnawa. Muryar ta cika shagon, tana yi wa mijinta tsiya wai ya riƙe wayar a karkace. Matar Injiniya ta toshe baki da mayafi. Keken tela da ke ƙara ta bango ya yi shiru. Yarinyar kuwa ta hau cinyar kakanta ta nuna allo, ta tambaya wace jaririya ce wannan take kuka haka. Ya ce amaryarsa ce, tun tana mummuna. Ta ce ita dai ba ita ba ce.

Ya kwafi komai gida uku, ɗaya na surukin, ɗaya matarsa ta sa a ƙasan akwatinta, ɗaya ya bari a shago. Bayan wata biyu aka yi wa malamin canjin wurin aiki zuwa wani gari. Kafin su tafi ya kawo wa Injiniya wata takarda da ya yago daga littafin darasi. Malamin ne ya zauna ya rubuta abin da kunnensa ya tsinta ta bayan ƙofa a kwanakin da take ɗaukar kanta: cewa yarinyar ta riƙa cin abinci ko ba ta so, ta yi haƙuri da babanta don ba ya iya kitso, da wasu guntayen da bai ji ƙarshensu ba. Duka shafi ɗaya da rabi ne. Injiniya ya buga shi a kwamfuta, ya bar gurbi a duk inda maganar ta yanke, ya kai aka sa masa leda, ya ba uban ya ajiye mata.