Mai Gadin Jirgin Rake

A ƙauyen da ƙaramin jirgin ƙasa ke ratsawa da rake zuwa masana'antar sukari, wani tsoho yana tsaye da gora, rawaninsa ya fi kansa girma. Da gani ya tsufa a bakin layin nan. Aikinsa hana mutane zarar rake, don jirgin tafiyar kunkuru yake yi. Yana daka tsawa yana ɗingishi, ganyen rake na leƙowa ta ƙasan jallabiyarsa.

Wata mai tallan cuku ta dube shi. "Baffa Haridi, zauna mana ka huta."

"Ina bakin aiki, 'yata."

"To, Allah ya ba ƙafar nan lafiya. Duk shekara lokacin rake take sandarewa."