Mun Koyi Tuƙi a Kan Yashi

Kuskurena shi ne na kwaikwayi Yaya da kyau fiye da kima. Da na yi abin a gurguje, kamar kowane yaro mai tsokanar wansa, da mari ɗaya ya raba mu, kowa ya kama gabansa. Amma ni sai da na kife turmin Inna a tsakar gida, na hau, na ɗauki sandar Kaka, na murtuke fuska, na shiga tuƙa jirgin da babu shi. Dama, hagu, dama, hagu, ina huci kamar raƙumin da aka ɗora wa gida. Kaka tana dariya har da hawaye. Ƴan matan maƙwabta biyu da suka shigo aron guga suna riƙe da ciki. Da na ga kasuwa ta yi kyau sai na ƙara wuta, har da irin karkata kafaɗar nan da yake yi kafin ya tsoma filafili.

Sai dariya ta ɗauke gaba ɗaya. Na waiwaya, ga Yaya a ƙofar zaure.

"Sake yi," ya ce.

"Wasa nake, Yaya."

"Na ce sake yi."

Na sake. Ya zagaye ni sau biyu kamar mai sayen rago, ya taɓa kafaɗata, ya gyara mini gwiwar hannu.

"Ka iya ruwa?"

Ƴan matan nan suna kallona. Me zan ce? Na ce, "Kamar kifi."

Kaka ta tafa hannu. "Oho, mijin nawa! Kai da ko wanka sai an yi kokawa da kai?"

Mu asalinmu mutanen Borno ne, ko da yake a Birni, tsohuwar unguwar Damagaram, aka haife mu duka, kuma Kaka ce kaɗai ke zagi da Barbarci in ranta ya ɓaci. Yaya ya yi shekara shida a bakin tabkin Cadi wurin kawunmu mai fataucin banda. Can ya koyi tuƙin jirgi, can kuma ya shiga dogon tsere, irin wanda ake tashi da hantsi ba a isa sai rana ta karkata. Da aka shiga shekarun fari, tabkin ya tattara nasa ya nasa ya yi nisa, ya bar jirage a kife a kan busasshiyar ƙasa. Yaya ya dawo Damagaram da filafilinsa ɗaya a kafaɗa. Ya sami aikin planto a wani biro, wato ofis, yana kai takardu daga wannan ƙofa zuwa waccan, da yamma kuma yana wasan kwaikwayo da samarin unguwa. Kullum tsoho yake fitowa, da gemun auduga da tari na ƙarya, mutane na faɗuwa don dariya.

A gida kuwa babu dariya. Shekara uku bai taɓa ruwan da ya wuce na buta ba, kuma abin yana cinsa. Ba ya zama. In ya zauna cin tuwo ƙafarsa na kaɗawa har miya ta yi igiya. Yakan fita zaure, ya dawo, ya leƙa randa, ya rufe, ya sake fita. Inna takan ce kallonsa kaɗai yana sa ta ƙishi.

Bayan sallar asuba yakan tafi busasshen tabkin da ke bayan ganuwa. Can ya ajiye wani kwamin shayar da shanu, wanda wani makiyayi daga wajen Durum ya bar masa don shanun sun ƙare. Sai ya shiga ciki ya zauna, ya yi ta tsoma filafili cikin yashi har rana ta fito. Masu zuwa neman ruwa su tsaya su gaishe shi a hankali, irin gaisuwar da ake yi wa wanda ba a tabbatar da kansa ba.

To, a shekarar aka zaɓi ƙungiyarsu ta je Yamai gasar wasan kwaikwayo, har an ba su kamiyo, wato babbar motar kaya. A makon gasar kuma akwai dogon tseren jirage a babban kogin da ke can. Yaya ya ji labari ya daina barci. Amma mutum biyu ake shiga jirgi, ba a karɓar mutum ɗaya, shi kuwa abokin tuƙinsa ya tafi Kano ci-rani tun da gonarsu ta ƙone. Ya zagaye Birni kaf yana neman na biyu. Duk wanda ya tuntuɓa sai ya ce masa, "Jirgi? A ina?" In bai samu ba, zai je har bakin ruwa ya tsaya yana kallon wasu. Ana cikin haka ne ya same ni a kan turmi.

Don in sami wuri a kamiyo sai da aka sa ni cikin wasan. Malamin lakwal, wato makarantar boko, da ke shugabantar ƙungiyar, wanda muke kira Mushe yadda ake kiran malami da Faransanci, ya dube ni sama da ƙasa ya ce akwai matsayi ɗaya da ya rage: mataccen sa. Wasan a kan fari yake. Aikina in kwanta a ƙarƙashin fata tun daga farko har ƙarshe, Yaya yana tsaye a kaina yana kuka yana tari. Fata kuwa ba ta yi wuya ba a shekarar.

"Mushe, ba ni da magana ko ɗaya?"

"Ka taɓa jin mushe ya yi magana?" in ji wani daga baya, aka kwashe da dariya, har shi malamin.

Wata biyu muka yi a kwami. Ni gaba, Yaya baya. Ya sassaƙa mini filafili da katakon tsohuwar ƙofa. Yashi ba ya tausayi: in ka tsoma sai ya riƙe, in ka ja sai ya watso maka a ido. Tafin hannuna ya yi kanta, kafaɗuna suka kumbura har riga ta fara gardama. Ga ciki ba kome sai jar dawar taimako, wadda in ka ci da safe sai ta zauna maka kamar tubali har magariba. Yaya yana tuƙi yana bitar maganganunsa na wasa.

"Wayyo sana, wayyo jan sana! Ja da ƙarfi, ɗan banza! Wa zai ja mini garma? Hagu na ce!"

In mun gama sai in wuce aikina na gida, wato kwarfa. Rijiyar unguwarmu ta kusa ƙafewa, ruwa yana tsattsafowa ne kaɗan-kaɗan a ƙasa. Sai a zura ni da igiya in tsuguna da ƴar ƙwarya, in jira ya taru, in kwantar da bakinta a hankali kada laka ta tashi, in zuba a guga ba tare da ɗigo ya faɗi ba. A gidanmu ruwan wanke hatsi na akuya ne, ruwan alwala na gindin lemun tsami ne. Na taɓa zubar da rabin moɗa, Inna ta yi kwana uku tana ba baƙi labari.

Kwana biyu muka yi a kamiyo, a kan buhunan kayan wasa, ni ina zaune a kan fatata. Yaya bai zauna ba. Yana tsaye riƙe da ƙarfe tun daga Damagaram, kamar tsayuwarsa za ta ƙara wa mota gudu.

Da muka isa bakin kogi mutanen wurin suna ta kuka wai ruwa ya janye, wai ba su taɓa ganinsa haka ba. Ni kuwa bakina ya ƙi rufuwa. Wannan ne ya janye? Ruwa daga nan har can, yana tafiya shi kaɗai, ba layi, ba mai gadi, ba wanda ke cewa guga biyu kawai. Wata mata ta wanke tukunya ta watsar da ruwan, na ji kamar in kira jandarma.

Yaya ya tsuguna ya sa hannu cikin ruwan. Na matsa kusa da shi.

"Yaya."

"Mm."

"Maganar kifin nan."

Bai ko waiwayo ba. "Na sani, auta. A ina za ka koya? Cikin randa?"

Wani tsohon masunci ya ba mu aron jirgi, bayan ya ga yadda Yaya ya riƙe filafili ya tambaye shi ruwan da ya koya. Jirgin ya girme ni, an toshe ɓarakarsa da tsumma da kwalta. Tsohon ya ɗaura mini goruna biyu a ƙugu don kada in nutse, ya miƙo mini ƙwarya.

"Yana ɗan shan ruwa," ya ce. "In ya taru ka kwashe."

Mushe ya biyo mu har gaɓa yana nuna agogo. Bayan la'asar za mu hau dandali. In ba mu zo ba, wani zai ɗaura gemu, fata kuma a cusa mata buhu.

Da hantsi aka kai mu wani ƙauye can sama, inda za a tashi. Aka busa usur. Na tsoma filafili na ja da ƙarfin da nake ja a yashi, sai ya wuce fuu kamar babu kome, na faɗa da baya ƙafafuna a sama, goruna na ƙara. Jirgi ya juya ya dubi inda muka fito. Yara a gaɓa suka yi ihu. Kafin Yaya ya miƙar da mu sauran sun zama ƙudaje a nesa.

"A hankali! Ruwa ne, ba gaba kuke ba!"

Na samu hannu bayan wani lokaci. Kuma wallahi da muka daidaita, jirgin nan ya fara gudu. Na ji Yaya a bayana ya yi wata irin dariya da ban taɓa ji a gidanmu ba. Muka wuce jirgi ɗaya. Muka kama na biyu.

Sai na ji sanyi a ɗuwawu.

"Kwashe!" in ji Yaya.

Na ajiye filafili na ɗauki ƙwarya. Na tsuguna, na kwantar da bakinta a hankali, na jira ta cika ba tare da na tayar da laka ba. Na ɗago ta da hannu biyu, ko ɗigo bai zuba ba. Sannan na shiga waige-waige.

"Me kake nema?"

"Ina zan zuba?"

"Me?"

"Ba guga, Yaya."

"A kogi, ɗan banza! A kogi!"

Na rantse hannuna ya ƙi. Na san kogi ne, na san daga can ya shigo, amma shekara uku ana koya mini cewa mai zubar da ruwa ba ɗan kirki ba ne. Na kai ƙwaryar bakin jirgi na tsiyaye ta sannu-sannu kamar mai ba jariri. Na sake ɗiba, na kurɓi kaɗan don kada a yi asara duka. Kafin in fitar da ƙwarya uku, goma sun shigo. Ruwa ya kai idon sawu, ya wuce. Jirgi ya yi nauyi kamar an ɗora masa jaki. Waɗanda muka wuce suka wuce mu, ɗaya har yana tambaya ko fura nake damawa.

"Watsa! Watsa kamar ba na ubanka ba!"

Na rufe ido na watsa. Na sake watsawa. Daga nan kuma kamar an kwance ni, na yi ta watsi ina ihu, na jiƙa Yaya, na jiƙa kaina, na zubar da ruwan da zai ishi Birni wata guda. Amma lokaci ya riga ya tafi. Haka muka ci gaba, in tuƙa kaɗan, in kwashe kaɗan, Yaya yana ɗauke da jirgin kusan shi kaɗai. Rana ta take. Hannuna ya fashe. Sau biyu muka hau tudun yashi muka sauka muka ja. Azahar ta wuce, ba kowa a kogin sai mu da wasu shanu ramammu a gaɓa.

"Yaya, mu tsaya. Mushe zai ba wani gemunka."

"Ya ba shi."

"Ai an gama tseren."

"Su suka gama. Tsoma."

Na waiwaya in yi gardama, sai na ga fuskarsa. Leɓɓansa sun bushe, jijiyoyin wuyansa sun tashi, amma ƙafar nan tasa da ba ta taɓa tsayawa ba tana ajiye wuri ɗaya. Na juya na tsoma.

Mun iso gada, inda tseren ke ƙarewa, ana kiran la'asar. An naɗe tuta, an kwashe kujeru, alƙalan tsere sun tafi da takardunsu. Tsohon masuncin nan kaɗai ke zaune a gaɓa yana jiran jirginsa. Ya kama igiya ya ɗaure, ya dubi Yaya, ya dubi ruwan da ke ciki, ya ce, "Kun kawo shi."

Muka ruga dandali a jiƙe. Mushe yana riƙe da gemu yana zagi da Faransanci. Yaya ya fizge ya ɗaura, ni na shige ƙarƙashin fata. An ce ya yi wasa ranar kamar ba a taɓa yi ba. Ban gani ba, barci ya kwashe ni, kuma an ce a tsakiyar kukan tsoho mataccen sa ya yi minshari.

Ba mu ci gasar ba. A tseren kuma ba a rubuta mu ko a na ƙarshe ba. Ranar komawa Yaya ya ɗora mini jakata a kamiyo, ya ce in gaya wa Inna tsohon masuncin ya ba shi aikin fito, yana ƙetarar da mutane da kaya, zai aiko da saƙo. Ni kaɗai na dawo Birni. Har yanzu Yaya yana can.