Ranar da Na Auna Tsohon Tibi

Ku yaran yanzu da ke aiki da baƙin tabarau, ku saurara. Har in mutu ba zan manta ranar da aka gwada ni a hanyar Doma ba, lokacin Lafia tana ƙarƙashin Filato.

Na daɗe ina lebura a sashen safiyo, ina riƙe sandar awo, mai zanen baƙi da fari. Wanda ya iya leƙa na'ura, wato madubin nan mai ƙafa uku, shi ake ƙara wa girma. A ranar, Oga Yakubu ya ce, “Garba, yau kai ne a na'ura. In layinka ya miƙe, ka bar ɗaukar sanda.”

Aikin shi ne ka rufe ido ɗaya, ka hango sanda daga nesa, ka yi wa mai riƙe da ita alama da hannu har ta hau layi. Tun hantsi nake leƙe. Bayan azahar ido ya fara ruwa, ƙeya ta ɗau zafi, kunyoyin doya suna rawa. Na ce, “Oga, in ɗan huta?” Ya ce, “Ko gwaji bai ƙare ba ka fara halin manya?” Ya koma gindin mangwaro.

Na sake leƙawa, na ga baƙi da fari. Na kaɗa hannu dama, ya matsa. Na ƙara, ya ƙara. Na ce kai, yau Audu mai sanda yana jin magana. Na kwarara ihu a buga turken alama, “Kafa fegi!”

Sai ga Audu ya fito daga ciyawa ta hagu, yana ɗaure wando. “Garba, wa kake yi wa ihu?”

Ashe wani tsoho ɗan ƙabilar Tibi nake ta aunawa, da zanensu mai ratsin baƙi da fari, a gonarsa. Ya tako har gabanmu, da Hausarsa da “matsa” ke fita “masa”, ya ce, “Oga, yaronka ya ce na masa, na masa. Yanzu na je ina?”

Kowa ya yi dariya, har Oga. Girman kuma aka ba wani.

Abin da na koya: ido nama ne, in ya gaji sai ya ja ƙwaƙwalwa su yi maka ƙarya tare. Ka ɗauke shi, ka kalli kore, ka sha ruwa, ko wa zai yi fushi. Don a aikin nan na'ura ake buɗe wa lema kada rana ta lalata ta. Mai leƙa ta, ko oho.