Igiyar Abarshi

A Madarumfa, zamanin da gyaɗa ta fara yin daraja, duk mai son igiyar da ba ta tsinkewa gidan Abarshi yake nufa. Da rama yake tufka ta a kan cinyarsa, yana cika baki cewa ko giwa aka ɗaure da ita sai ta haƙura. Matarsa Inde ta sha jin wannan magana har ta haddace.

Wata rana da rana tsaka, jama'a duk suna gona wajen cirar gyaɗa, ƙarti uku suka faɗo gidan. Ba su zo da igiya ba, wa zai kai igiya gidan Abarshi? Suka zaɓi sabuwa a rataye, suka ɗaure miji da mata baya da baya a tsakar gida, suka kora akuya, suka kwashe tasoshin Inde. Abarshi ya yi ta yunƙuri har la'asar. Igiya kuwa ta fitar da mai ita kunya, ko sili ɗaya bai tsinke ba. Sai da maƙwabcinsu Kanta masunci ya dawo daga tabki ya yanke ta.

Tun daga ranar gidan ya rikice. Kaza ta taɓa ƙyaure, sai Inde ta ɓarar da fura. Abarshi kuma, bawan Allah, ya shiga tufka sako-sako da gangan, wai in ɓarayin sun dawo ya iya tsinkewa. Bai gaya wa kowa ba. Jakin wani mai saye, Illo, ya tsinke igiya ya kama hanyar garin Ɗan Issa. Guga huɗu suka faɗa rijiya a mako guda. Jirgin Kanta ya yi tafiyarsa tsakiyar tabki ba kowa a ciki. Masu saye suka watse.

Ranar nan Inde ta ɗauki wata sabuwar igiya a gabansa, ta ja sau ɗaya, ta rabu biyu.

"Maigida, wannan kuma mine ne?"

Ya sunkuyar da kai. "In sun komo, Inde, ba ni iya sake jin kukanki a bayana, ni kuwa ban iya komi ba."

Sai ta sassauta zanenta ta nuna masa wata 'yar wuƙa a ƙugunta. "Tun rannan da ita nike daka, da ita nike kwana. Kai dai tuhka mai ƙarhi, yankewa tawa ce."

Abarshi ya yi dariya har da hawaye, hawayen kuma suka ƙi tsayawa.

Igiyarsa ta dawo da sunanta, ɓarayi kuma ba su sake leƙowa ba. Bayan shekara goma sha bakwai Inde ta rasu. Matan da suka yi mata wanka suka iske 'yar wuƙar nan a ƙugunta, ɗaure da igiyar mijinta.